Hirar Golf a Fodkas: 'Yancin Baki da Abin da Ke Cinye Shi

Wasan golf ya daɗe da samun salon maganarsa a talabijin: murya ƙasa-ƙasa, ladabi, da neman uzuri ga ɗan wasa ko da ya tafka kuskure. Ruwa ba ya tsami banza. Ana buƙatar shiru lokacin da mutum zai buga ƙwallo, kuma tashoshin da ke nuna gasa da yardar masu gasar suke aiki, don haka ba sa son ɓata musu rai. A gasar Masters da ake yi duk watan Afrilu a filin Augusta National na jihar Georgia a Amurka, masu filin har kalmomin mai sharhi suna sa wa ido. A 1966 Jack Whitaker na tashar CBS ya siffanta cincirindon 'yan kallo da taron yuyuyu, aka ɗauke shi daga aikin gasar na wasu shekaru. A 1994 Gary McCord ya yi barkwanci a kan santsin ciyawar filin, bai ƙara yin sharhin Masters ba. Duk mai riƙe da makirufo ya ji gargaɗin.

A gefen wannan takatsantsan ne wata irin magana ta tsiro, ta mutanen da ba su da abin da za a ƙwace musu. Wasu abokai a Amurka da suka saba tsokanar juna a kan golf suka buɗe shafi a Twitter a 2013 da sunan No Laying Up, a shekara ta gaba suka fara naɗar hirarsu suna sakawa a intanet, wato fodkas. Kamfanin Barstool Sports ya fito da Fore Play a 2017. Andy Johnson da Brendan Porath suka fara The Shotgun Start a 2018, suna fitar da shi sau uku a mako. A 2020 Colt Knost, wanda ya buga gasannin PGA Tour da kansa, ya haɗu da Drew Stoltz suka kafa Subpar. A Birtaniya kuma ɗan wasa Eddie Pepperell yana zama da masu sharhi Andrew Cotter da Iain Carter a shirin The Chipping Forecast. Sunaye daban-daban, amma tsari kusan ɗaya: mutum biyu zuwa biyar, awa ɗaya ko biyu, ba rubutacciyar takarda, ba mai yanke musu magana.

Mafi tasiri a cikin irin waɗannan shirye-shirye shi ne na daren Lahadi, sa'o'i kaɗan bayan an rufe gasa. Akan fara da wanda ya ci, a bi ramukan ƙarshe ɗaya bayan ɗaya, a koma kan wanda nasara ta suɓuce masa, sannan hira ta barbazu: rigar da wane ya sa, jinkirin wane kafin ya buga ƙwallo, yadda aka tsara filin, tallan da ya katse kallo a daidai lokacin da wasa ya yi zafi. Akwai laƙabobin da suka raɗa wa 'yan wasa, akwai raha da sai wanda ya daɗe yana saurare zai gane. Wanda ya taɓa zama a majalisar da mutanenta suka shekara goma suna haɗuwa bayan isha'i ya san abin: baƙo yakan ji kamar da wani yare ake magana, amma in ya jure mako biyu sai ya zama ɗan gida.

Golf ya dace da wannan salo fiye da yawancin wasanni. Gasa kwana huɗu ce, ramuka 72, da 'yan wasa fiye da ɗari da ke warwatse a fili a lokaci guda. Talabijin ɗan abin da kyamara ta kama kawai take nunawa, ragowar sai an zauna an warware. Sannan mafi yawan masu sauraro su ma suna bugawa a ƙarshen mako. Sun san yadda hannu ke rawa idan ƙwallo ta rage taku ɗaya ta faɗa rami. Ba sa buƙatar a yi musu bayanin dokoki, abokin tattaunawa suke nema.

Amfanin da wannan al'ada ta kawo ba ƙarami ba ne, kuma bai tsaya ga nishaɗi ba. Shekaru aru-aru masu sharhi suna nanata cewa bugun ƙarshe na gangara ƙwallo cikin rami shi ne ke kawo kuɗi. Farfesa Mark Broadie na jami'ar Columbia ya yi amfani da bayanan kowane bugu da PGA Tour ke tattarawa, ya fito da ma'aunin da ke gwada bugun ɗan wasa da matsakaicin na sauran, ya nuna cewa dogayen bugu, musamman waɗanda ke kai ƙwallo kusa da rami, su ne suka fi raba gwanaye da saura. Littafinsa Every Shot Counts ya fito a 2014. Masu fodkas na cikin waɗanda suka ɗauko wannan lissafi daga takarda suka mayar da shi maganar yau da kullum, har mai sauraro ya iya tambayar ko nasarar wane ƙwarewa ce ko sa'ar mako guda. Haka kuma suka farfaɗo da sha'awar tsarin filaye. Sunayen magina irin su Alister MacKenzie da Donald Ross, waɗanda a da sai masana ke ambata, suka shiga bakin matasa. Kuma su ne suka riƙa kokawa, mako bayan mako, kan yawan tallace-tallace a lokacin nuna gasa, abin da ma'aikacin tasha ba zai taɓa furtawa a kan iska ba.

A dubi abin da ya faru a Pinehurst ranar 16 ga Yuni 2024, ranar ƙarshe ta gasar US Open. Rory McIlroy, wanda a lokacin rabonsa da cin ɗaya daga manyan gasanni huɗu tun 2014, yana kan gaba. A rami na 15 ƙwallonsa ta zarce. A na 16 ya kuskure bugun da bai kai mita ɗaya ba. A na 18 ya sake kuskure wani gajere. Bryson DeChambeau ya fito da ƙwallonsa daga cikin yashi, ta tsaya daf da rami, ya jefa ta, ya ci gasar da ratar bugu ɗaya. McIlroy ya shiga mota ya bar filin bai tsaya gaban 'yan jarida ba. Talabijin ta nuna duk wannan cikin 'yan mintuna ta koma kan bikin ba da kofi. A fodkas ne aka kwashe kwanaki ana juya lamarin: wace sanda ya kamata ya ɗauka a rami na 15, me ya sa ya zaɓi babbar sanda a na 18, shin tafiyarsa ba sallama rashin ladabi ce ko halin ɗan Adam. A shirin Subpar, tsohon ɗan wasa Smylie Kaufman ya ce ya kamata Harry Diamond, mai ɗaukar wa McIlroy jaka kuma abokinsa tun yarinta, ya sa baki a rami na 15. Da McIlroy ya dawo fili a Sikotland a watan Yuli, sai da ya mayar da martani yana kare abokinsa. Hirar da aka fara a ɗakin kwana ta kai matsayin da manyan 'yan wasa ke jin ta, suna kuma amsa ta.

Babu abin da ya ɗaga wannan sana'a kamar rikicin LIV Golf. A Yunin 2022 aka buɗe sabuwar gasar a filin Centurion kusa da Landan, da kuɗin asusun zuba jari na gwamnatin Saudiyya, Greg Norman na jagoranta. A lokacin ramuka 54 ne maimakon 72, 'yan wasa 48, ba tankaɗe da rairaya a tsakiyar gasa, kowa da rabonsa. Charl Schwartzel da ya ci ta farko ya tafi da dala miliyan 4. Phil Mickelson, Dustin Johnson, Brooks Koepka da DeChambeau suka koma can, PGA Tour ta dakatar da su. Maganar ta wuce wasa, ta shiga kotu, siyasa, kuɗi da batun kisan ɗan jarida Jamal Khashoggi a 2018. Masu fodkas kuwa suka baje duk wannan a sarari. Ranar 6 ga Yuni 2023, da Jay Monahan na PGA Tour da Yasir Al-Rumayyan na asusun Saudiyya suka bayyana tare a tashar CNBC suka sanar da yarjejeniyar da har 'yan wasa da yawa a waya suka fara ganin ta, cikin sa'o'i kaɗan shirye-shiryen gaggawa suka cika intanet. A Janairun 2024 ma, wata guda bayan Jon Rahm ya koma LIV, a fodkas ne McIlroy ya amince cewa ya yi saurin yanke wa waɗanda suka tafi hukunci, a shirin ƙwallon ƙafa na Gary Neville mai suna Stick to Football.

To a nan ne matsalar take, kuma daga nasarar ta fito. Jarin mai fodkas ɗaya ne tak: mai sauraro ya yarda cewa abin da ke ransa yake faɗa. Amma shirin da ya yi suna yakan fara samun manyan baƙi. Ɗan wasan da aka soka bara ya zo ya zauna awa biyu, aka yi dariya tare, aka yi musayar lamba, aka buga wasa tare. In baki ya ci, ido kan ji kunya. Mako na gaba idan ya yi ɓarna sai a ji murya ta yi laushi, a ce filin ne ya yi wuya. Sukar kuma takan koma kan waɗanda ba sa zuwa shirin. Mai sauraro na tsaye yakan gane su wane ne 'yan lele, su wane ne abin tsokana, kuma ba kullum wasansu ne ya raba su ba. Hukumomin gasa ma sun fahimci darajar wannan kusanci. A Agustan 2024 PGA Tour ta shirya wa masu shirye-shiryen intanet gasa tasu a filin East Lake, ana gobe za a fara babbar gasar rufe kaka. Wanda a da yake leƙe ta bayan katanga yanzu an shimfiɗa masa tabarma a tsakar gida.

Sai batun masu talla. A Disamban 2023 hukumomin dokokin wasan biyu, USGA da R&A, suka sanar da cewa za a rage nisan da ƙwallo ke iya tafiya. Wasu kamfanonin ƙera ƙwallo, har da mai Titleist, suka nuna adawa, kuma irin waɗannan kamfanoni ne ke ɗaukar nauyin shirye-shirye da dama. Akwai masu shirin da suka goyi bayan matakin duk da haka, kuma sun cancanci yabo. Sai dai mai sauraro ba shi da hanyar sanin abin da aka haɗiye ba a faɗa ba. Abin da ya fi wannan muni shi ne caca. Tun da kotun ƙolin Amurka ta buɗe wa jihohi ƙofar halatta cacar wasanni a 2018, kamfanonin caca suka zama cikin manyan masu talla. Shi kansa Barstool, kamfanin caca na Penn ya mallake shi gaba ɗaya a farkon 2023 kafin ya mayar wa mai shi na asali a watan Agusta. Muryar da mutum ya saba da ita kamar ta aboki, ita ce ke ce masa ya zuba kuɗi a kan wane a wannan mako. Wannan cin amanar sabo ne, kuma ya fi tallan talabijin haɗari saboda ba a jin sa a matsayin talla.

Akwai kuma abin da ake mantawa: yawancin wannan hira a kan gumin wasu take tsaye. Kalaman Mickelson game da Saudiyya da suka tayar da ƙura a Fabrairun 2022, marubuci Alan Shipnuck ne ya samo su ya wallafa. Da aka kama ɗan wasa Scottie Scheffler da asuba a ƙofar filin Valhalla a Louisville ranar 17 ga Mayu 2024, tuhumar da daga baya aka janye, ɗan jaridar ESPN Jeff Darlington ne ke wurin ya ɗauki hoton. Ra'ayi ba shi da tsada, bincike ne mai cin kuɗi da lokaci, kuma masu yin sa raguwa suke yi. Idan suka ƙare, hirar za ta koma jita-jita.

Taga da ake kallon duniya ta cikinta ma ƙarama ce. Yawancin masu shirin maza ne Amurkawa, kuma ma'auninsu shi ne PGA Tour. Da LIV ta kai gasa Adelaide a Afrilun 2023 jama'a suka yi dafifi, domin mutanen Ostareliya sun daɗe ba su ga manyan taurari a gida ba. Wannan koke ne na gaskiya da ba a ba shi haƙƙinsa a hirarrakin Amurka ba. Nelly Korda ta ci gasa biyar a jere a 2024, amma a shirye-shirye da yawa labarinta a ƙarshen hira yake zuwa. Afirka kuwa, in ka cire 'yan wasan Afirka ta Kudu, kusan babu ita, alhali a gasar Najeriya ce Sandy Lyle ya ci kofinsa na farko na ƙwararru a 1978, Vijay Singh ma ya ci ta a 1988.

Duk da haka ina tare da wannan al'ada. Ta koya wa masoya wasa su riƙa tambaya, ta rage tsoron manya, ta mayar da golf abin da ake musu a kansa da zuciya ɗaya. Abin da ake buƙata daga masu yin ta ba mai wuya ba ne a faɗa, ko da yake yana da wuyar yi. Su bayyana wanda ke biyan su a duk lokacin da maganar ta shafe shi. Su ambaci ɗan jaridar da ya samo labarin. Su ƙi kuɗin caca. Idan abokinsu ya yi kuskure a rami na 18, su faɗa da muryar da za su faɗa wa wanda ba su taɓa gaisawa da shi ba. Mai sauraro kuma yana da gwaji mai sauƙi: ya lura da abin da ake faɗa game da ɗan wasa kafin ya zo shirin, da abin da ake faɗa bayan ya zo. Shirin da maganarsa ba ta sauya ba shi ne ya cancanci a ba shi awa biyu na daren Lahadi.