Begum ba gimbiya ba ce: sharhi a kan littafin hajjin Sikandar ta Bofal

Hausawa sun ce suna linzami ne. Wannan magana ce ta faɗo mini a rai sa'ad da na karanta littafin da Sikandar Begum, mai mulkin ƙasar Bofal da ke tsakiyar Indiya, ta rubuta game da hajjin da ta yi a shekarar 1864. Da harshen Urdu ta rubuta shi, matar wani jami'in Ingila ta fassara shi zuwa Ingilishi, aka buga a Landan a 1870. Da aka sake buga shi a 2007, tare da gabatarwar malama Siobhan Lambert-Hurley, sai aka raɗa masa sabon suna, A Princess's Pilgrimage, wato hajjin gimbiya. A kan wannan kalma ta gimbiya nake da ja, domin abin da ke cikin littafin bai goyi bayanta ba.

Asalin kalmar Begum daga Turkanci take. Beg shi ne shugaba ko basarake, Begum kuwa takwararsa mace. Sarakunan Mugal ne suka yaɗa ta a Indiya, inda ta zama laƙabin girma na matan fada da na manyan gidajen Musulmi. Amma a Bofal laƙabin ya wuce girmamawa. Mata huɗu ne suka riƙi ƙasar tsakanin 1819 da 1926, in ban da shekaru bakwai da namiji ya shiga tsakani: Kudsiya, da ƴarta Sikandar, da jikarta Shah Jahan, sannan Sultan Jahan. Sikandar ta fara ne da riƙon ƙwarya a 1844 bayan rasuwar mijinta, a 1860 kuma aka tabbatar mata da sarautar Nawab da sunan kanta. Ita ke duba haraji, ita ke duba dakaru. Gimbiya a Hausa ƴar sarki ce, tana da daraja amma ba ta da karaga. Sikandar kuwa a kan karaga take.

Duk wanda ya buɗe littafin zai ji haka tun daga shafukan farko. A wancan zamani Hijaz tana hannun Turkawa, Sharifin Makka yana riƙe da gari. Tun daga Jidda Sikandar ta fara lissafi: kuɗin fito da aka ɗora wa kayanta, da halin ma'aikata, da tsabtar hanyoyi, da yadda mabarata suka yi wa mahaifiyarta Kudsiya caa saboda yawan kyautarta. Wani babban kashi na littafin wasiƙu ne tsakaninta da Sharifi da wakilin Turkawa, ana ja-in-ja a kan al'adun fada da wanda ya kamata ya fara girmama wani. Har akwai inda ta nuna cewa da Sarkin Santambul zai damƙa mata kuɗin da yake kashewa kowace shekara a kan biranen nan masu alfarma, da ta bar wa ƴarta da surukinta Bofal, ta zo ta gyara su. Irin wannan magana sai wadda ta saba ba da umurni a bi. Ƙarfin littafin ke nan: ido ne na mai mulki, mai ƙidaya, wanda ba ya jin nauyin wani sarki don kawai namiji ne.

Sai dai inda ƙarfin yake, nan rauni yake. Mai karatu zai nemi zuciyar mahajjaciya ya rasa. Ɗawafi da tsayuwar Arfa, waɗanda kowane alhaji yake daɗe yana ba da labarinsu, a taƙaice ta bi ta kansu, alhali rigimar baƙunci ta ci shafuka. Madina ma ba ta samu zuwa ba saboda rashin tsaron hanya. Hukuncin da take yanke wa mutanen Hijaz kuma sau da yawa kuɗin goro ne, na baƙuwar da ba ta jin harshensu sai ta bakin tafinta. Dalili ba ɓoyayye ba ne. Sikandar ta mara wa Ingila baya a tawayen 1857, manyan Turawa ne suka roƙe ta ta yi rubutun, kuma ga Sarauniya Biktoriya aka sadaukar da littafin. Mai rubutu don idon Turawan mulki dole ta nuna musu ta iya tsari irin wanda suke yabo. Wajibi ne malamin da zai karantar da wannan littafi ya faɗa wa ɗalibansa don wa aka rubuta shi, kada su ɗauki ƙorafin fada a matsayin cikakken hoton Makka.

Yau a Indiya da Pakistan da Bangaladash ana iya kiran kowace matar aure mai mutunci Begum, kamar yadda a wajenmu ake kiran kowace mace mai hali Hajiya ko da ba ta taɓa ganin Jidda ba. Laƙabi ya yaɗu, nauyinsa ya ragu. Wannan ba laifin kowa ba ne, haka harshe yake tafiya. Abin da yake laifi shi ne mai fassara ko mai buga littafi ya auna laƙabin jiya da mudun yau, ya mai da mai sarauta ƴar ado.

Mu ma muna da abin dubawa a nan. Iya ta Maraɗi, da Inna ta Gobir, da Magajiya ta Daura, kowacce sarauta ce mai naɗi da aiki da mabiya. Idan muka tashi juya su zuwa Faransanci a mujalla mai harshe biyu irin wannan, sau nawa muke tattara su duka a ƙarƙashin kalma guda mai nufin ƴar sarki? Ɗalibar da ta karanta haka za ta tashi da zaton cewa matan fada ba su taɓa riƙe komai ba sai lalle da turare. Shawarata ga malamai da ƙungiyoyin al'adu ita ce a bar kowane laƙabi da sunansa, a kuma bayyana aikin mai shi. Littafin Sikandar ya cancanci a fassara shi da Hausa, da kyawunsa da aibinsa. Ranar da aka yi haka, a rubuta Begum a bangonsa.