Lefen da Ba Saƙi a Cikinsa

Duk mai bin littattafan soyayyarmu, na kasuwa da waɗanda ake saki shafi-shafi a waya, ya san inda marubuciya ke sakin alƙalami: ranar kawo lefe. Shadda Getzner, leshi ɗan Siwizalan, atamfa Super, kowanne da sunansa, wani lokaci har da kuɗinsa. Ba mu ga laifin wannan ba, haka lefe yake a gidajenmu. Abin da ke damunmu shi ne idan labari ya juyo kan tufafinmu na gado, sai ido ya dushe. Sarki ko angon gidan sarauta ya fito "cikin shiga ta alfarma", shi ke nan, an wuce.

Wace shiga? Saƙi ce, mai baƙin shuni da ɗigon fari kamar jikin zabo? Ko tsamiya, wadda ake kaɗa zarenta daga gidan tsutsa, ta fito ruwan ƙasa? Aikin da ke ƙirjin rigar aska biyu ne ko aska takwas? Rawanin turkuɗi ne irin na Kura, wanda aka buga a mabuga har yana ƙyalli yana barin shuni a goshi? Waɗannan ba ado ba ne kawai. Mai rigar tsamiya ya riga ya gaya wa taro ko shi wane ne kafin ya yi sallama, marubucin da ya tsallake wannan kuwa ya yar da rabin halin tauraronsa.

Mu masu rubuta manhaja mun san abin da ba shi da suna ba ya kiruwa. Ku leƙa shagunan ɗinki a nan Unguwar Shanu: keken kwamfuta yana zuba aska a wuyan riga cikin ɗan lokaci, aikin da kan ci mai ɗinkin hannu a Zariya watanni. Zanen ya tsira, amma mai saye hoto yake nunawa a waya ya ce "irin wannan". Sunan ya faɗi a hanya.

A Jafan an bi ta wata hanya da Ainu, 'yan asalin tsibirin Hokkaido. Suna da yadi mai suna attus, da ake saƙawa da zaren ɓawon itace. A 2013 gwamnati ta sa attus na ƙauyen Nibutani cikin jerin sana'o'in gargajiya na ƙasa, da sunansa na Ainu, da wurinsa, da yadda ake yin sa. Sai da harshensu ya kusa ƙarewa aka farga, don haka ba abin koyi ba ne a komai.

Mu namu bai kai can ba. Marinar Ƙofar Mata tana aiki, masaƙa ba su ƙare ba. Amma mutanen Kaduna sun ga yadda masaƙun Kakuri, da suka fara da KTL a 1957, suka yi shiru ɗaya bayan ɗaya, alhali su injuna ne da dubban ma'aikata, ba tsoho ɗaya da ƙoshiyarsa ba. Marubuciyar da ta iya bambance Getzner ta gaske da jabu a shafi guda, wuni ɗaya a karofi ko a zauren maɗinki ya ishe ta ta koyi bambancin saƙi da barage.