Halittar Tauraro a Ƙagaggen Labarin Kimiyya: Nazarin Matafiyin Zamani na H. G. Wells

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan maƙala ita ce nazarin rayuwar tauraron littafin The Time Machine na marubucin Ingila H. G. Wells (1866-1946), wanda aka fara bugawa a shekarar 1895. Tauraron masanin kimiyya ne da ya ƙera na'urar da ke kai mutum zamanin da ya shuɗe ko wanda ke tafe. Manazarta adabin Hausa sun san irin wannan rubutu ta hanyar Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo (1969), inda tafiyar ta sararin samaniya ce. A littafin Wells kuwa, na'urar ba ta gusa daga inda aka kafa ta ba, zamani ne ya yi ta sauyawa a kanta. Maƙalar za ta nuna cewa Wells ya gina wannan tauraro ne a kan kurakuransa, domin ya bayyana cewa iya ratsa lokaci daban, fahimtar ɗan'adam daban.

2.0 Asalin Tauraro

A shekarar 1888 Wells ya buga gajeren labari mai suna The Chronic Argonauts, inda Dakta Nebogipfel ya keɓe kansa a wani ƙauyen Wales har mutanen ƙauyen suka zarge shi da tsafi. Bayan shekara bakwai sai marubucin ya sake zubi. Ya zaunar da sabon tauraron a Richmond, kusa da Landan, ya mai da shi mutumin jama'a mai karɓar baƙi cin abinci ran Alhamis. Amma ya hana shi suna. Matafiyin Zamani kawai ake kiransa, kuma ba a ambaci iyayensa ko iyalinsa ba. Yawancin baƙin ma da sana'arsu aka san su: Likita, Edita, Ɗan Jarida. Ɗaya daga cikinsu ne ke ba da labarin. Saboda haka abin da ya iso ga mai karatu shaida ce ta bakin wani, kuma shi aka bar wa alƙalanci.

A gaban waɗannan baƙi ne Matafiyin ya bayyana cewa lokaci awo ne na huɗu, bayan tsawo da faɗi da kauri. Hujjarsa a nan tsararriya ce, ba gargada. Wannan gwaninta ce mai karatu zai auna da abin da ya biyo baya.

3.0 Kwana Takwas a Shekarar 802,701

Matafiyin ya sauka a shekarar 802,701 ba tare da guzuri ko makami ko kyamara ba, sai ashana a aljihu. Ya tarar da Eloi, mutane ƙanana, kyawawa, marasa aikin yi. Nan take ya yanke hukunci cewa ɗan'adam ya ci ƙarfin wahala, hutu ya raunana shi. Da aka sace na'urarsa, ya gano Morlock masu zama a ƙarƙashin ƙasa, sai ya sake shawara: Eloi jikokin masu hannu da shuni ne, Morlock kuwa jikokin leburori ne da ke yi musu bauta. A karo na uku ne ya fahimci cewa reshe ya juye da mujiya, domin Morlock kiwon Eloi suke yi suna cin namansu.

Wannan tsari na hasashe da warwarewa shi ne ƙashin bayan littafin. Wells ya yi karatun ilimin halittu a hannun T. H. Huxley daga 1884, ya san cewa sauyin halitta ba lallai ne ya nufi ci gaba ba. Haka nan mahaifiyarsa ta yi aiki a gidan masu dukiya na Uppark, inda barori ke bin hanyoyin ƙarƙashin ƙasa. To amma tauraron nasa ɗan ajin sama ne. Ko da ya gane cewa zaluncin kakannin Eloi ne ya haifi Morlock, zuciyarsa tana tare da Eloi, yana ƙyamar Morlock har yana sha'awar kashe su. Iliminsa bai raba shi da son zuciyar ajinsa ba.

4.0 Weena da Wuta

Dangantaka ɗaya tak aka nuna a rayuwarsa, wato tsakaninsa da Weena, 'yar Eloi da ya ceto daga nutsewa a kogi. Shi ne ya ja ta cikin daji da dare, shi ne kuma ya kunna wuta don korar Morlock, wutar ta ci dajin, Weena ta salwanta. Abin lura a nan shi ne, mutumin da ke da na'urar komawa baya bai koma ya cece ta ba. Da ya sami na'urar, gaba ya yi, har shekara miliyan 30, inda ya ga rana ta dushe, rayuwa na gab da ƙarewa. A nan littafin yake da rauni: Weena ba ta da murya tata, an halicce ta ne kurum don ta zama ma'aunin gazawarsa.

5.0 Kammalawa

Matafiyin ya dawo da furanni biyu da Weena ta sa masa a aljihu, baƙinsa ba su gaskata shi ba. Kashegari ya ɗauki kyamara ya sake tafiya neman hujja, shekara uku mai ba da labari bai sake ganinsa ba. Wells bai ba shi farko ba, bai kuma ba shi ƙarshe ba. Ga marubutan harsunan Nijeriya masu sha'awar wannan fanni, darasin a bayyane yake. Bayanin na'urar bai wuce ambaton tagulla da hauren giwa da duwatsu masu sheƙi ba, amma an zayyana kowane kuskuren maƙerinta filla-filla, kuma kurakuran ne suka raya shi fiye da shekara 100.