Rancen Gina Gida na Shekara Talatin: Tsokaci a kan Hujjojin da Ake Kafawa da Lissafin da Ba a Yi

 

Gabatarwa

A ƙarshen zangon karatun da ya wuce, wani tsohon ɗalibina da ke koyarwa a wata makaranta a Kusada ya same ni da takardu biyu. Ta farko ta neman rance ce daga Asusun Gidaje na Ƙasa, wato NHF, ta biyu kuma bayanin wani tsari ne na bankin Musulunci. Shi da matarsa da 'ya'yansu huɗu suna zaune a ɗaki biyu a gidan mahaifinsa, ga ƙannensa biyu sun isa aure. Tambayarsa ita ce: "Malam, wanne ne halal?" Kafin in ba shi amsa na tambaye shi nawa zai biya gaba ɗaya a kowane ɗaya daga cikin biyun. Ya yi shiru, sannan ya ce bai taɓa lissafawa ba, abin da ya duba kawai shi ne nawa za a riƙa cira a albashinsa duk wata.

Wannan shirun ne dalilin maƙalar nan. Ma'aikata a Kankiya da Kusada, tun daga malaman makaranta har zuwa ma'aikatan lafiya da na ƙaramar hukuma, suna ta mahawara a kan rancen gida, kuma hujjojin da ke yawo a tsakaninsu suna buƙatar a auna su. Aunawar ba za ta yiwu ba sai an san siffar abin da ake magana a kai, domin ƙa'ida ce sananniya wurin malaman usulu cewa hukunta abu yana biyo bayan fahimtarsa. Saboda kalmar "riba" a rubutun boko tana ɗaukar ma'ana biyu, zan yi amfani da "kuɗin ruwa" ga abin da Alƙur'ani ya haramta a ƙarshen Suratul Baƙara, in bar "riba" ga ribar ciniki.

Yadda bashin yake girma

An kafa NHF da doka a 1992. Ma'aikaci yana zuba kashi 2.5 cikin ɗari na albashinsa, Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, wato FMBN, yana kula da asusun, kuma ana ba mai zubi rance a kan kuɗin ruwa kashi 6 cikin ɗari a shekara, har tsawon shekara 30.

A ɗauka mutum ya karɓi naira miliyan 5 a kan waɗannan sharuɗɗa. Zai riƙa biyan kimanin naira 29,980 duk wata har wata 360, jimilla kusan naira miliyan 10.8. Ke nan kuɗin ruwan, wajen miliyan 5.8, ya zarce uwar kuɗin. Abin da ya fi ɓoyuwa shi ne yadda ake raba biyan kowane wata. Ana lissafa kuɗin ruwa ne a kan abin da ya rage na bashi, don haka a watan farko naira 25,000 kuɗin ruwa ce, abin da ke rage uwar kuɗi bai kai naira 5,000 ba. Bayan shekara 10 mutumin ya biya kusan miliyan 3.6, amma har yanzu ana binsa kusan miliyan 4.2. Sai ya haura shekara 18 yana biya kafin rabon uwar kuɗi a biyan wata ya rinjayi rabon kuɗin ruwa. Da zai rage wa'adin zuwa shekara 15, biyan wata zai tashi zuwa kimanin naira 42,200, jimillar kuma ta sauka zuwa miliyan 7.6. Sauƙin da yake gani a biyan wata, tsawon lokaci ne ya saya masa shi, kuma farashinsa ya haura naira miliyan 3.

Hujjar ƙanƙantar kuɗin ruwa da faɗuwar naira

Hujjar da aka fi ji ita ce kashi 6 ba wani abu ba ne a ƙasar da hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 cikin ɗari a Disamban 2024, bisa alƙaluman Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa. Masu wannan magana suna cewa mai ba da rancen ne ma yake asara, to ina zaluncin da aka haramta kuɗin ruwa dominsa?

Adalci ne a yarda cewa ta fuskar tattalin arziki maganar tana da tushe, kuma fuƙaha'u ba su gafala daga matsalar ba. Abu Yusuf, almajirin Abu Hanifa, yana ganin idan darajar fulusai ta sauya ana biyan ƙima, Ibn Abidin ya keɓe wa mas'alar risala, a mazhabarmu ta Malikiyya kuma Rahuni ya karkata ga la'akari da ƙima idan sauyin ya yi muni. Sai dai duk waɗannan suna magana ne a kan yadda za a warware bashi bayan sauyin ya auku. Babu wanda ya halatta a sharɗanta ƙari ƙayyadadde tun ranar ƙulla yarjejeniya, ƙarin da za a biya ko naira ta faɗi ko ta tashi. Majalisar Fiƙihu ta Ƙungiyar Ƙasashen Musulmi ma, a zamanta na Kuwait a 1988, ta tsaya a kan cewa ana biyan bashi da kwatankwacinsa. A zamanta na Jidda a 1990 kuma ta yi magana kai tsaye a kan rancen gidaje, inda ta tabbatar da cewa muhalli buƙata ce ta asali, amma rance da kuɗin ruwa haramun ne, yawansa da ƙarancinsa.

Akwai kuma tambayar da masu hujjar ba sa yi: idan mai rance ya ci moriyar faɗuwar naira, wa ya ɗauki asarar? Wani sashe na kuɗin asusun zubin 'yan uwansa ma'aikata ne, waɗanda da yawansu ba za su taɓa samun rancen ba, za a mayar musu da zubinsu ne bayan ritaya alhali darajarsa ta zaizaye.

Hujjar larura

Wasu matasa masu karatu suna kawo fatawar Majalisar Fatawa da Bincike ta Turai, wadda ta fitar a Dublin a 1999 ƙarƙashin jagorancin Shaihu Yusuf al-Ƙardawi, Allah Ya jiƙansa. Fatawar ta yi rangwame ga Musulmin Turai ya sayi gidan zama da rancen banki, bisa sharaɗin ba shi da wani gida, ba shi da kuɗin saye, kuma babu wata hanya ta halal. Ta dogara a kan ginshiƙi biyu: cewa buƙata mai tsanani tana sauka matsayin larura, da ra'ayin Abu Hanifa da Muhammadu ash-Shaibani game da ma'amaloli a ƙasar da ba ta Musulunci ba. Tun a lokacin malamai irin su Salah as-Sawi suka yi mata raddi.

Ko da mun bar wancan saɓani, ɗauko fatawar zuwa Kankiya kuskure ne a manhaja. Ginshiƙi na biyu ba ya tsayuwa a jihar da ta ƙaddamar da shari'ar Musulunci a shekarar 2000. Sharaɗin rashin wata hanya shi ma ya raunana, tunda bankin Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019, Lotus a 2021. Bayan haka, akasarin gidajen Kankiya da Kusada ba da rancen banki aka gina su ba. Mutum yakan sayi fili, ya buga bulo bayan kaka, ya ɗora kwano idan ya ɗauki adashi, ya shiga ɗaki ɗaya yana ƙarasa sauran. Hanyar tana da jinkiri da wahala, kuma tsadar siminti ta ƙara mata nauyi, ba na musun haka. Amma larurar da ke halatta haram ita ce wadda babu mafita daga gare ta, kuma ana ƙaddara ta gwargwadonta. Wanda ke neman rance don ya tashi daga ɗaki biyu zuwa gida mai falo da gareji yana neman yalwa ne, yalwa kuwa ba ta buɗe ƙofar abin da nassi ya rufe.

Hujjar suna

A ɗaya ɓangaren akwai waɗanda da zarar sun ji an ce murabaha ko ijara sai su sa hannu ba tare da sun karanta ba, kamar sunan Larabci ya ɗauke musu nauyin lissafi. Akwai kuma masu cewa tunda jimillar da za a biya bankin Musulunci takan zarce ta NHF, ashe kuɗin ruwa ne aka sake wa riga. Duka biyun sun kauce.

Tsada ba ita ce ma'aunin haramci ba. Jumhurun malamai sun halatta sayar da kaya bashi a farashin da ya fi na hannu da hannu, Majalisar Fiƙihu ta tabbatar da haka a 1990, da sharaɗin a yanke farashi ɗaya, kuma kada a ƙara wa wanda ya yi jinkirin biya komai. Bambancin na haƙiƙa ne: a ciniki mai sayarwa ya mallaki kayan, ya ɗauki haɗarinsa kafin ya sayar, bashin kuma ba ya haihuwa. Idan banki bai mallaki gidan ko kayan ginin ba ko da na ɗan lokaci, sai dai ya tura kuɗi ya rubuta murabaha, to hila ce, kuma irin wannan ne Mahmoud El-Gamal ya soka a littafinsa na 2006 a kan harkar kuɗi ta Musulunci.

Haka nan halacci ba ya nufin rahusa. A ɗauka an ce wa mutum ribar banki kashi 15 cikin ɗari ce a shekara a kan miliyan 5, na shekara 5, ana lissafa ta a kan cikakken kuɗin tun daga farko har ƙarshe. Ribar za ta zama miliyan 3.75, jimilla miliyan 8.75, wato kimanin naira 145,800 duk wata. Da za a auna wannan da ma'aunin ragowar bashi, kamar yadda muka yi a misalin farko, zai yi daidai da kusan kashi 25 cikin ɗari. Wanda ya kwatanta 15 da 6 kai tsaye ya auna hatsi da mudu biyu mabambanta. Kuma a ƙasar da mafi ƙarancin albashi yake naira 70,000 tun 2024, biyan wata irin wannan ya fi ƙarfin mafi yawan ma'aikatan ƙaramar hukuma.

Akwai mas'ala guda da ya kamata ɗalibanmu su lura da ita. Idan mai murabaha ya sami kuɗi ya so ya biya da wuri, shin za a rage masa? Sanannen hukunci a Malikiyya, kamar yadda yake a Risalar Ibn Abi Zaid, shi ne hana rage bashi don a gaggauta biyansa. Majalisar Fiƙihu a 1992 ta halatta ragin idan ba a sharɗanta shi tun farko ba. A kowane ra'ayi dai ragin ba haƙƙi ba ne da zai iya tilasta wa banki, don haka ya shiga yana sane cewa jimillar duka tana wuyansa. A tsarin musharaka mutanaƙisa, inda banki da mai gida suke tarayya yana sayen kason banki sannu a hankali, wannan matsala tana da sauƙi, amma Majalisar a zamanta na Maskat a 2004 ta sharɗanta kada a yi alkawarin sayen kason a farashinsa na asali, kuma ɗawainiyar kadarar ta hau kan abokan tarayya gwargwadon kasonsu.

Gyaran da ke kanmu

Babban sukana yana komawa kanmu ne, mu masu koyarwa da masu ba da fatawa. Muna amsa tambayar halal da haram a jimla ɗaya, mu sallami mai tambaya bai san abin da zai ɗauka ba. Alhali ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da ƙayyade wa'adinsa ta sauka. Ya tabbata a Sahihul Bukhari cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya kasance yana neman tsari daga bashi, kuma ya dakata daga sallatar wani mamaci da ake bi har sai da Abu Ƙatada ya ɗauki nauyin biya. Ayoyin gado a Suratun Nisa'i sun gabatar da bashi a kan rabon magada. Mai shekara 40 da ya ɗauki bashi mai dogon wa'adi, ko ta hanyar halal ce, yana iya barin marayu da gidan da ke jingine.

Don haka ya kamata darasin Fiƙihun Ma'amalat a jami'o'inmu ya haɗa da lissafin biyan bashi, yadda Fara'il ya haɗa da lissafin gado, har ɗalibi ya iya karɓar takardar banki ya fitar da jimillar abin biya, da abin da zai faru idan an yi jinkiri, ko an biya da wuri, ko mai bashi ya rasu. Ya kamata kuma mu tuna wa hukumomi cewa ƙudurin 1990 da muke kafa hujja da shi wajen haramtawa, shi ne ya lissafa mafita: rance marar kuɗin ruwa daga gwamnati, da gina gidaje a sayar biya sannu a hankali, da istisna'i. Ƙungiyoyin gama kai na ma'aikata a Kankiya da Kusada suna iya sayen siminti da kwano da rodi su sayar wa 'ya'yansu bashi a farashi sananne, na wa'adin shekara ɗaya ko biyu, wanda ya fi dacewa da ginin da ake yi mataki mataki.

Kammalawa

Ɗalibin nan nawa mun zauna mun yi lissafin takardunsa biyu. Na bayyana masa cewa ta farko tana ɗauke da kuɗin ruwa, ta biyu kuma ko da ta cika sharuɗɗan shari'a, biyan watanta ya kusa cinye albashinsa. Ya tafi da niyyar fara ɗaki biyu da banɗaki a filinsa bayan girbi. Ban ce wannan ce mafita ga kowa ba, amma ya yanke shawararsa ne bayan ya san hukunci ya kuma san adadi, kuma wannan haƙƙi ne da duk mai tambaya yake da shi a kanmu. Allah ne Mafi sani.