Sarauniya ta Med Hondo: da wane harshe ta yi magana?

Duk wanda ya tashi a ƙasar Tasawa ya san kaburburan Turawa biyu na Maijirgi. A can ne, cikin watan Yuli 1899, sojojin Voulet da Chanoine suka juya wa shugabanninsu baki, suka kashe su, bayan ɓarnar da rundunar ta yi a Lugu da Birnin Ƙonni. Wannan tarihi ne Abdoulaye Mamani ya mai da littafi da Faransanci a 1980, shi kuma Med Hondo ya mai da shi silima a 1986.

Med Hondo, ɗan asalin Muritaniya wanda ya rasu a Paris a 2019, marubucin silima ne kuma mai shirya ta. Tun daga Soleil Ô har zuwa West Indies (1979), jigonsa bai sauya ba: mulkin mallaka da abin da ya bari. Sarraounia ce ƙololuwar aikinsa, ita ce ta ci babbar kyautar FESPACO a Wagadugu a 1987. Ba mu musun cancantarta. Tambayarmu ta shafi harshe.

An so a ɗauki fim ɗin a Nijar, abin bai yiwu ba, aka koma Burkina Faso. Sakamakon haka, Sarauniyar Azna, wadda Aï Keïta ta fito a matsayinta, da Julanci take magana. Ana iya cewa mai kallo na Paris ko na Dakar bai yi asarar komi ba, tunda fassarar ƙasan allo yake karantawa. Amma a ganinmu an yi asara iri biyu.

Ta farko ta shafi ma'ana. Kalmar "sarauniya" muƙami ce, ba sunan yanka ba. Sunan matar Mangu. Bahaushe na jin kalmar ya san gadon sarauta ake nufi, wanda wata ta riƙe kafin ita, wata kuma bayanta. A bakin wanda ba Bahaushe ba, sai ta zama sunan jaruma guda.

Ta biyu ta shafi tarihi. Da yawa daga sojojin rundunar daga Sudan ta Faransa aka kwaso su, Bambaranci suke ji, wanda ɗan'uwan Julanci ne na kusa. Ke nan an bai wa maharin da wanda aka hara kusan harshe guda, alhali kuwa rashin jin juna, da dogaro ga tafinta, na cikin tushen abin da ya faru.

Abin lura shi ne, da sana'ar sauya murya Med Hondo ya ci abinci: shi ne muryar Eddie Murphy a Faransanci. Wannan sana'a tasa ta nuna mana mafita. Sauya muryoyin Sarraounia zuwa Hausar Arewa aiki ne da ɗalibanmu za su iya ɗauka, domin manomin Maijirgi ya ji labarin garinsu ba tare da tafinta ba.