Yawon Cape Coast da Elmina: Ina Labarin 'Yan Zango?

Bayan kowace Sallah, da kuma lokacin da makarantu suka tashi hutu, ba a rasa motocin haya da suka yi layi a bakin titin Nima ko Maamobi tun kafin gari ya waye. Ƙungiyoyin samari ne da 'yan mata, da ɗaliban Islamiyya tare da malamansu, kowa da kular wake da shinkafa da robar ruwa, za a tafi yawon buɗe ido Cape Coast da Elmina. Tafiyar kusan kilomita 150 ce daga Accra, a bi ta Kasoa, inda cunkoson motoci kan ci wa mutane sa'a guda, a wuce Mankessim da Anomabo, a isa kafin azahar. A shiga sansanin Cape Coast, a ƙarasa na Elmina da ke gaba kaɗan, in lokaci ya rage a leƙa gandun dajin Kakum a hau gadar igiya, a dawo gida bayan isha da hotuna cike da waya. Al'ada ce mai kyau, kuma ban ga dalilin da zai sa a daina ta ba. Abin da ke damuna shi ne labarin da ake ba wa yaran nan a can. An tsara shi ne domin wani baƙo daban, har ɗan Zango kan je ya dawo bai san cewa garuruwan da ya taka suna ɗauke da tarihin gidansu ba.

Kafin suka, a ba wa 'yan jagoran nan haƙƙinsu, domin sun iya aikinsu. A Cape Coast ɗan jagora kan gangara da mutane cikin kurkukun maza, ya ce a dubi ƙasa: abin da ake takawa ba tubalin asali ba ne, dattin jikin mutane ne da ya taru shekara da shekaru ya daskare a kansa. Sai ya nuna 'yar kafar da ke can sama, wadda ita kaɗai ke shigo da haske da iska, ya kashe fitila na ɗan lokaci, surutun yara ya ɗauke. Daga nan ya gaya musu cewa a saman wannan kurkuku Turawa suke da ɗakin ibadarsu, ya hau da su benen gwamna inda iskar teku ke kaɗawa ta manyan tagogi, ya sauko da su ƙofar da ake kira ta tafiya ba dawowa. A Elmina akwai farfajiyar mata da barandar da gwamna ke tsayawa ya zaɓi wadda yake so, da ɗakin hukunci mai hoton ƙoƙon kai a saman ƙofa. Gani ya kori ji. Babu littafin makaranta da zai sa wa yaro abin da wannan sa'a guda ke sa masa a zuciya.

Sai dai labarin yana da inda ya samo asali. Turawan Fotugal suka gina sansanin Elmina a 1482, 'yan Holan suka ƙwace shi a 1637, Ingila ta karɓa a 1872. Na Cape Coast 'yan Suwidin suka fara shi a 1653 kafin ya faɗa hannun Ingila. A 1979 UNESCO ta sa sansanonin gaɓar Ghana cikin kayan tarihi na duniya, amma gyaran da ya mai da su wurin ziyara irin na yau a farkon shekarun 1990 aka yi shi, da tallafin kuɗi da ƙwararru daga Amurka. Bikin PANAFEST ya fara a 1992, Barack Obama ya ziyarci Cape Coast a 2009, gwamnati ta ayyana 2019 a matsayin shekarar dawowa gida ga jikokin bayin da aka kai ƙasashen Amurka. Ke nan mai sauraron da aka yi wa tanadi shi ne wanda ya tsallako teku yana neman ƙofar da kakansa ya fita. Shi ya sa labarin ke farawa daga bakin sansani ya ƙare a bakin ruwa, kuma da an kai 1807, shekarar da Ingila ta haramta wa mutanenta fataucin bayi ta teku, sai ya tsaya cak. Abin da ya faru a gine-ginen nan cikin shekara 150 da suka biyo baya, har zuwa samun 'yancin kai a 1957, jimla biyu ko uku ake ba shi a kan hanyar fita.

To a cikin waɗannan shekaru da ake tsallakewa ne mutanen arewa suka cika garuruwan. Tsakanin 1831 da 1872 'yan Holan sun ɗebi maza kusan 3,000 ta Elmina suka kai su aikin soja a tsibiran Indonesiya. Bayan yarjejeniyar da suka ƙulla da Sarkin Asante Kwaku Dua na Ɗaya a 1837, sun buɗe wurin ɗiban soja a Kumasi, kuma da yawa daga waɗanda aka ɗiba bayi ne 'yan arewa da aka fanshe su da kuɗin albashinsu na gaba. Waɗanda suka dawo da rai sun zauna a wani tudu a Elmina da har yau ake kira da sunan Java, motar 'yan yawo kuwa a ƙarƙashinsa take wucewa ba tsayawa. Sannan ga sojan Hausa. John Glover ya kafa rundunarsu a Legas a 1863, akasari da bayin da suka gudo wa iyayengijinsu, aka kawo su yaƙin Asante na 1873 zuwa 1874, wanda ya ƙare da ƙona Kumasi. A 1879 aka kafa wa Gold Coast, wato Ghana ta yau, tata rundunar a kan wannan tsari, ana kiran kowa a cikinta Bahaushe ko da Bagurunshe ne ko Badagombe ko Bamoshe, domin Hausa ce harshen bariki. Lokacin da ɗan jagora ke nuna ɗakin da aka tsare Sarkin Asante Prempeh na Ɗaya a Elmina a 1896, ba kasafai yake faɗin cewa akwai waɗannan sojoji a rundunar da ta je Kumasi ta kamo shi ba. Barikin soja da kasuwar goro su ne tushen zanguna da dama a kudancin Ghana, har da na Cape Coast da Elmina kansu.

A Accra ma haka abin yake. Tun da aka ɗauke hedikwatar mulki daga Cape Coast aka dawo da ita nan a 1877, tsohon gari ya zama wurin da ake zagayawa da baƙi: sansanin James da aka ɗaure Kwame Nkrumah a 1950, sansanin Ussher, hasumiyar fitilar jiragen ruwa, da gidan Brazil na zuriyar Tabom, waɗanda suka dawo daga Brazil a shekarun 1830 kuma da Musulmi a cikinsu. Tafiyar 'yan mintuna daga nan ga Zongo Lane, inda Malam Idrisu Neenu ya kafa zangon farko a ƙarshen ƙarni na 19. Ɗansa Malam Baƙo ne ya fita ya kafa Sabon Zango a farkon ƙarni na 20, Nima kuwa a farkon shekarun 1930 Malam Amadu Futa ya samu filinta daga mutanen Osu. Zanguna ba daga baya suka liƙu wa birnin mulkin mallaka ba, tare suka girma da shi. Wannan magana tana da nauyi ga al'ummar da dokar korar baƙi ta Firaminista Busia ta ba mako biyu a Nuwamba 1969, aka kwashi mutane a manyan motoci, har da waɗanda a Ghana aka yanke musu cibiya. Yaron da ake tambaya a ofis ko asalinsa ɗan ina ne saboda sunansa yana da bukatar ya san tun yaushe kakanninsa ke bakin tekun nan.

Masanin tarihi zai iya cewa ana son a cusa Hausawa inda ba su. Zai ce Hausawan da aka kai Bahia ta Brazil, waɗanda suka yi bore a 1807 da 1814, ta tashoshin gabas irin su Legas da Wida aka fitar da yawancinsu, kuma kasuwar bayi ta Salaga ta fi bunƙasa ne a ƙarni na 19, lokacin da kurkukun Cape Coast ya riga ya daina aiki, don haka bayinta gonakin Asante da gidajen attajiran gaɓa aka fi kai su. Gaskiya ya faɗa, kuma duk wanda zai ja ragamar yara ya gaya musu cewa kakansu Bahaushe ya kwana a wannan kurkuku ba tare da hujja ba, ya cuce su. Amma Zango ba na Hausawa kaɗai ba ne. Nima cike take da Dagomba da Gurunshi da Sisala da Frafra da Moshi da Kotokoli da Zabarmawa, kuma tun ƙarni na 18 Asante ke karɓar bayi a matsayin haraji daga Gwanja da Dagbon, wasunsu aka gangaro da su gaɓa ta Assin Manso. Ƙin ƙaryar da ke faranta rai bai wajabta yin shiru a kan gaskiyar da ke akwai ba.

Akwai wani uzuri da ba a cika faɗa a fili ba, wanda a ganina shi ne ya fi hana ruwa gudu. In aka buɗe babin arewa, ba waɗanda aka zalunta kaɗai za a gani ba. Fataken da suka bi hanyar Gwanja neman goro sun sayi mutane sun sayar a Salaga. Babatu da mahayansa Zabarmawa sun yi shekaru suna kai hari ƙasar Gurunshi a shekarun 1880 da 1890. Sojan Hausa kuma da bindigar Bature suka yaƙi Asante. A layi ɗaya a Maamobi za a iya samun jikan wanda ya kama da jikan wanda aka kama suna sahu ɗaya a masallaci, har sun haɗa zuriya, shi ya sa dattawa ke ganin tonon ba alheri. Ina girmama wannan tsoro, amma ban yarda da shi ba. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi, kuma malaman da suka ga abin da idonsu ba su ɓoye ba. Malam Abu ya rubuta labarin Babatu da Hausar ajami. Alhaji Umaru, haifaffen Kano da ya zauna Salaga har yaƙin basasar 1892 ya watsa garin, ya koma Kete Krachi inda ya rasu a 1934, ya bar waƙoƙi da Hausa da Larabci a kan zuwan Turawa. Cibiyar nazarin Afirka ta Jami'ar Ghana da ke Legon ta tattara rubuce-rubuce irin waɗannan tun shekarun 1960. In masu abin suka yi shiru, wasu za su ba da labarin, kuma rabin da ya fi muni za su ɗauka.

Masu cewa buɗe babin arewa zai rage wa baƙin Amurka da Jamaika alhinin da ya kawo su, ba a nemi a taɓa ko jimla ɗaya daga abin da ake gaya musu a kurkuku ba, hasali ma da yawansu tambayar da ke bakinsu ita ce daga ina aka taho da mutanen. Masu cewa yini ɗaya ba ya isa kuwa, sa'a shida ko fiye ake yi cikin mota tafiya da dawowa ana kiɗa da barci. Malami ɗaya da ya shirya, riƙe da lasifika, zai iya ba da rabin wannan tarihi kafin a kai Mankessim. Sallar azahar da ake yi a gurguje a gefen titi, a yi ta a masallacin zangon Cape Coast, a gaida liman da sarkin Zango, a roƙi dattijo ɗaya ya yi wa yara bayanin yadda unguwar ta kafu. Wanda ya ce Nima ta fi bukatar a gyara mata babbar kwata da samar wa samari aiki, ai jagorancin baƙi sana'a ce da ake ci da ita, kuma akwai baƙin da ke biyan kuɗi a zagaya da su kasuwar Nima da babban masallacin ƙasa da aka buɗe a Kanda a 2021.

Hukumar gidajen tarihi ta Ghana tana da nata aikin, na faɗaɗa abin da 'yan jagoranta ke faɗa game da arewa da kuma shekarun bayan 1807. Amma babban nauyin yana kan sarakunan Zango da shugabannin makarantun Islamiyya da ƙungiyoyin samarin da ke haɗa kuɗin mota. Kafin Sallah mai zuwa, su zaunar da dattawan da suka rage a Sabon Zango da Nima a naɗi abin da suka sani, su tura ɗalibai biyu ko uku Legon su karanto abin da malamai suka bari, a rubuta shi da Hausa a 'yan shafuka, a sa a hannun duk malamin da zai shiga motar Cape Coast da yara.