Finafinan Zaman Tarayya a Amurka da Abin da Kyamara Ke Bi

Finafinan gaskiya kan matsugunan tarayya na Amurka sun yawaita tun shigowar ƙarnin nan. Galibinsu labarin matasa ne da suka juya wa birni da yaƙin Biyetnam baya a ƙarshen shekarun 1960, suka tare a gonaki da dazuzzuka, suka haɗa dukiya da tukunya wuri guda. A 2005 Jonathan Berman ya fitar da Commune, kan Black Bear Ranch da aka kafa a tsaunukan arewacin Kalifoniya a 1968. A 2012 aka samu The Source Family, kan mabiyan Father Yod a Los Angeles.

Wanda ya fi tashe shi ne Wild Wild Country, mai kashi shida, na 'yan'uwa biyu, Chapman da Maclain Way, wanda Netflix ta nuna a 2018. Ya bi diddigin Rajneeshpuram, garin da mabiyan Bhagwan Shree Rajneesh suka gina a jihar Oregon, har da abin da ya faru a 1984 da wasu cikinsu suka zuba ƙwayar cuta a abincin gidajen cin abinci na The Dalles, mutum 751 suka kamu. Aiki ne na gwaninta, amma ya ƙarfafa wata ɗabi'a da ke tauye wannan fanni: kyamara tana bin shugaba da abin kunya, ta bar sauran jama'a. Ma Anand Sheela, sakatariyar Bhagwan, ta cika fim ɗin, alhali da wuya mai kallo ya san yadda talakan mabiyi ya kwana, ko wa ke dafa wa dubban bakuna abinci.

Dalili ɗaya shi ne tsofaffin hotunan da ake dogaro da su. Ko dai mabiya suka ɗauka don yabon jagoransu, ko 'yan jarida suka ɗauka ranar rikici. Wanke-wanke da rigimar rabon aiki ba mai ɓata musu fim.

Shi ya sa American Commune na 2013 ya fi ƙima duk da ƙarancin hayaniyarsa. Rena da Nadine Mundo, ya da ƙanwa, sun koma The Farm a Tennessee, inda suka yi ƙuruciya. Stephen Gaskin ya kafa wurin a 1971, matarsa Ina May ta shahara da ungozomanci, kuma bashi ne ya tilasta musu watsar da tarayyar dukiya a 1983. Wanda ya tashi a wuri ya san tambayar da ta dace: me yaro ya ci, me ya rasa, ina iyali ya nufa da abin ya watse.

Matsugunan da suka ɗore su aka fi yi wa rowar kyamara. Twin Oaks a Virginia tana nan tun 1967. Mazaunanta sun yi shekaru da dama suna rayuwa da saƙar ragar kwanciya da yin awara, kuma a lissafinsu na sa'o'in aiki, renon yara da girki daidai suke da aikin da ke kawo kuɗi.